Faransa zuwa Indiya: labarin limamin Kirista da ya tafi koyarwa ya ɓuge da zama almajiri

Ranar 14 ga watan Yuli na 1973, a kasuwar garin Rishikesh da ke bakin kogin Ganga a arewacin ƙasar Indiya, wani tsohon Bature mai farin gemu, sanye da mayafi ruwan goro, ya yanke jiki ya faɗi. Cefane ya kawo shi kasuwa, yana sauri ya kama mota sai ciwon zuciya ya kayar da shi a bakin hanya. Duk wanda ya gan shi kwance a ranar zai ɗauka ɗaya ne daga cikin masu zuhudun Hindu da suka cika garin. Alhali kuwa limamin ɗarikar Katolika ne ɗan ƙasar Faransa mai suna Henri Le Saux, wanda ya yi shekara 25 a Indiya ba tare da ya sake taka ƙasarsu ba.

Jama'a masu karatu, da yawa daga cikinmu mun san irin waɗannan mutane masu tufafi ruwan goro ta hanyar finafinan Indiya, muna ganinsu zaune sun naɗe ƙafafu, ido a rufe, ba mu san abin da suke nema ba. A yau za mu bi sawun wannan Bafaranshe mu ga abin da ya kai shi cikinsu, da abin da ya samo, da kuma abin da ya biya, domin babu kayan da ake ɗauka a kasuwa kyauta.

Abin da ake nufi da "ba biyu ba"

Kafin mu shiga labarin sai mun warware kalma guda. A harshen Sanskirit, wato harshen tsofaffin littattafan Hindu, ana kiranta adwaita, ma'anarta kuwa "ba biyu ba". Tushen wannan koyarwa yana cikin littattafan da ake kira Upanishad, sannan babban malamin da ya tsara ta shi ne Shankara, mutumin kudancin Indiya da ya rayu wajajen ƙarni na 8. A taƙaice koyarwar na cewa Gaskiya guda ce tak, suna kiranta Brahman, kuma ainihin abin da ke can cikin zuciyar mutum ba wani abu ba ne daban da ita. Rarrabuwar da muke gani ta ni da kai da shi, a cewarsu, jahilci ne ya sa muke ɗaukarta ita ce ƙarshen zance.

Malamansu kan ba da misali da kayan kasuwa. Mai sayar da tukwane tana da tulu da randa da kasko da asusu, kowane da sunansa da kuɗinsa, amma duka yumɓu ne. Haka maƙerin zinari: ɗan kunne da sarƙa da awarwaro sunaye ne da siffofi, in an narka su zinari ne ya rage. Suna kuma ba da misalin mutumin da ya ga igiya da almuru ya zaci maciji ne, ya yi tsalle, gumi ya karyo masa. Tsoron da ya ji gaskiya ne, amma macijin bai taɓa kasancewa ba, kuma fitila kawai ake buƙata.

Sai dai kada mu ɗauka duk Hindu ne suka yarda da wannan. Malami Ramanuja, a ƙarni na 11 zuwa na 12, ya ce rai yana haɗe da Ubangiji amma bai zama shi ba. Malami Madhwa a ƙarni na 13 ya ce bawa daban, Ubangiji daban, har abada. Galibin talakawan da ke kai furanni wuraren bauta ma, roƙo suke yi irin na mai buƙata a gaban mai bayarwa. Ke nan muhawarar ta daɗe a cikin gidan Hindu tun kafin baƙi su sa baki.

To ina matsalar take ga Kirista? Addininsa ya ginu ne a kan Mahalicci da abin halitta, mai kira da mai amsawa. Ku ƴan kasuwa kun fi kowa sani, ciniki ba ya faɗawa sai da mutum biyu, mai saye da mai sayarwa. Addu'a ma haka take a wurin Kirista. In aka ce babu biyu, wa ke roƙo, wa ake roƙo? Wannan ita ce tambayar da ta hana Le Saux barci shekara da shekaru.

Bukkoki a bakin kogin Kaveri

An haifi Henri Le Saux a 1910 a garin Saint-Briac na yankin Biritaniyar Faransa. Yana ɗan shekara 19 ya shiga gidan zuhudu na Kergonan. A 1948 ya sauka kudancin Indiya wurin wani limami ɗan ƙasarsu, Jules Monchanin, wanda ya riga shi zuwa tun 1939. Ranar 21 ga Maris 1950 su biyun suka kafa ɗan mazauni na bukkoki a bakin kogin Kaveri, kusa da garin Kulittalai a jihar Tamil Nadu ta yanzu, suka sa masa suna Shantivanam, wato Dajin Salama. Suka ajiye rigunan limanci na Turawa suka yafa ƙyalle ruwan goro, suka bar cin nama, suna zama a ƙasa, suna tafiya ba takalmi. Le Saux ya ɗauki sunan Indiya, Abhishiktananda, wanda ke nufin farin cikin Almasihu.

Dabarar ba sabuwa ba ce. Tun 1606 wani limami ɗan Italiya, Roberto de Nobili, ya yi irin wannan shiga a birnin Madurai don manyan Hindu su saurare shi. Manufar Faransawan biyu ma da farko ba ta yi nisa da haka ba: a zuba Kiristanci cikin ƙwaryar Indiya domin Indiyawa su sha ba tare da ƙyama ba.

Amma abin ya juya. A watan Janairu na 1949 Le Saux ya ziyarci wani malamin Hindu mai suna Ramana Maharshi a gindin dutsen Arunachala, a garin Tiruvannamalai. Ramana ba mai yawan magana ba ne, dukiyarsa ɗan bante da sanda da buta. Yana ɗan shekara 16 a 1896 tsoron mutuwa ya kama shi, ya kwanta kamar gawa yana tambayar kansa abin da ke mutuwa da abin da ke saura, daga nan ya bar gida ya tare a wannan dutse har rasuwarsa a 1950. Duk wanda ya zo masa da tambaya, sai ya mayar da shi ya binciki wane ne ma mai tambayar. Ganin farko bai burge Le Saux ba, har zazzaɓi ya kwantar da shi. Amma abin ya riga ya shige shi. Daga 1952 ya riƙa komawa dutsen yana shafe makonni da watanni cikin kogo, shiru, yana cin abin da aka ba shi sadaka. A ƙarshen 1955 ya haɗu da wani tsohon malami, Gnanananda, ya miƙa wuya gare shi a matsayin almajiri. Limamin da ya zo koyarwa ya durƙusa gaban malamin wani addini.

Nauyin kaya biyu a kai guda

Da a ce ya bar Kiristanci ya koma Hindu, da labarin ya zo da sauƙi. Bai yi haka ba. Ya ci gaba da gabatar da Mes, wato babbar ibadar ƴan Katolika, har cikin kogon dutse, har kuma can mafarin kogin Ganga a tsaunukan Himalaya. Littafin da yake rubuta sirrin zuciyarsa kullum, wanda aka buga da Faransanci a 1986 bayan rasuwarsa, cike yake da damuwa: yana tsoron kada ya ci amanar Almasihu, yana kuma jin cewa abin da ya ɗanɗana a kogo ba ƙarya ba ne, ba zai iya musunsa ba.

Abokinsa Monchanin, wanda ya fi shi zurfin ilimin falsafa, ya ƙara yin baya-baya. Shi a ganinsa, tun da ƙauna ita ce zuciyar Kiristanci, kuma ƙauna sai da mai so da wanda ake so, to ba za a narka komai ya zama guda ba tare da an yi hasarar wani abu babba ba. Ya rasu a Paris a 1957. Shi kuwa Le Saux, a littafinsa na 1965, ya yi ƙoƙarin nuna cewa hikimar Hindu tana samun cikarta cikin Kiristanci. Daga baya shi da kansa ya daina gamsuwa da wannan amsa, ya karkata ga cewa duk sunaye da siffofin da addinai ke amfani da su alamu ne masu nuni, kuma abin da suke nunawa ya fi ƙarfin harshe.

Mazaunin nasu ma bai yi kasuwa ba a lokacin, domin almajirai kan zo su tafi, ba mai zama. A 1968 ya miƙa shi ga wani ɗan zuhudu ɗan Ingila, Bede Griffiths, ya koma wata ƴar bukka kusa da Uttarkashi a Himalaya. Faɗuwar da ya yi a kasuwar Rishikesh, shi bai ɗauke ta masifa ba. A wasiƙun da ya rubuta bayanta ya bayyana ta a matsayin farkawa, ya ce abin da ya daɗe yana nema a nesa ashe yana nan inda yake tsaye. Ya rasu ranar 7 ga Disamba 1973 a birnin Indore, a hannun mata ƴan zuhudu da suka yi jinyarsa, yana nan a limamin Katolika.

Ba kowa ya yi maraba ba

A ƙarƙashin Griffiths, har zuwa rasuwarsa a 1993, Shantivanam ya yi suna, baƙi suka riƙa zuwa daga ƙasashe da dama. Lokacin ma ya taimaka, domin a 1965 babban taron majami'ar Katolika a Batikan ya fitar da sanarwar da ta ce majami'ar ba ta ƙin duk abin da yake gaskiya da tsarki a cikin sauran addinai, ta ambaci Hindu da Musulunci da sunansu. Amma suka ta zo ta fuska uku.

Wasu Hindu suka ce wannan kura ce da fatar akuya. Marubuci Sita Ram Goel ya fitar da littafi a 1988 yana zargin irin waɗannan mazaunai da satar tufafi da alamomin Hindu don farautar mabiya. Shugabannin Katolika su ma suka ja linzami: a 1989 ofishin kula da aƙida na Batikan, ƙarƙashin Kadinal Ratzinger wanda daga baya ya zama Paparoma, ya gargaɗi Kiristoci cewa duk nisan da bawa ya yi cikin ibada, ba ya zama Ubangiji. Suka ta uku ita ce ta fi ciwo, domin daga Kiristocin Indiya ta fito. Yawancinsu ƴan ƙasƙantattun dangi ne da ake kira Dalit da kuma ƙabilun karkara, waɗanda kakanninsu aka hana su shiga wuraren bauta da jan ruwa a rijiya guda da manya. A wurinsu Sanskirit da ƙyalle ruwan goro kayan waɗanda suka danne su ne. Suka ce: ana gaya mana duka guda ne, to me ya sa ba a cin tuwo da mu a akushi guda?

Kada kuma mu manta ƙasar da ake wannan zance a cikinta. Ƙidayar 2011 ta nuna Hindu sun kusa kashi 80 cikin ɗari na mutanen Indiya, Kiristoci kuwa kashi 2 da ɗan ɗoriya. Zargin sauya wa mutane addini ya sha jawo zubar da jini. A Janairun 1999 an ƙone wani ɗan mishan ɗan Ostireliya, Graham Staines, tare da ƴaƴansa ƙanana biyu cikin motarsu a jihar Odisha. A 2008 a gundumar Kandhamal ta wannan jiha, bayan kisan wani malamin Hindu, an kashe Kiristoci da dama, aka ƙone majami'u da gidaje, dubbai suka gudu daji. A irin wannan wuri, zaman mutum biyu masu addini daban su saurari juna ba wasan yara ba ne.

Tambaya mai tsohon tarihi

Wannan tambaya ta kusanci tsakanin bawa da Ubangiji ba Hindu da Kirista kaɗai ta dama ba. A Turai, Paparoma ya haramta wasu maganganun malami Eckhart ɗan Jamus a 1329 saboda sun yi kusa da wannan iyaka. A tarihin Musulunci an kashe Hallaj a Bagadaza a 922, kuma malamai sun daɗe suna saɓani a kan koyarwar Ibn Arabi. Wani abin lura shi ne, ta hannun Musulmi littattafan Upanishad suka fara isa Turai: yarima Dara Shikoh, ɗan sarkin da ya gina Taj Mahal, shi ya sa aka fassara kimanin 50 daga cikinsu zuwa Farisanci a 1657, daga wannan fassara ce wani Bafaranshe ya juya su zuwa Latin a farkon ƙarni na 19. Shi ma yariman ƙaninsa Aurangzeb ya sa aka kashe shi a 1659 bayan rikicin sarauta, da tuhumar ya bar addini.

Mu dai ba alƙalai ba ne a wannan shari'a, kuma kowa ya san inda ya dogara. Abin da muka tsinta a labarin Le Saux shi ne bambancin da ke tsakanin mai sa rigar maƙwabci don ya sayar masa da kaya, da wanda ya zauna ya saurare shi har abin ya taɓa shi. Na farkon ba ya hasarar komai, kuma ba ya koyon komai. Na biyun kuwa ya biya da kwanciyar hankalinsa ta shekara 25, bai zagi malaman da suka karɓe shi ba, bai kuma jefar da abin da ya gada ba. Har gobe Shantivanam na nan a bakin Kaveri a hannun ƴan zuhudu Indiyawa, fadar Paparoma kuma na aika wa Hindu saƙon gaisuwa duk shekara lokacin bikinsu na fitilu da ake kira Diwali. Tambayar ko guda ne ko biyu kuwa ba ta mutu ba, kowane ɓangare na riƙe da hujjarsa.

Allah ya ba mu zaman lafiya da maƙwabtanmu, ya sa albarka a kasuwa. Sai mun haɗu a fitowa ta gaba.