Daga Rumfar Furanni Zuwa Matoyar Tukwane: Yini Guda a Lardin Tochigi na Japan

A ƙarshen watan Afrilu, idan sanyi ya yaye a ƙasar Japan, manyan motocin safa kan bar birnin Tokiyo tun da sassafe su nufi arewa, kowace da ɗan jagora a gaba riƙe da 'yar tuta. Mutanen da ke ciki fure za su je kallo, su biya ta garin magina tukwane, su dawo gida kafin dare ya yi nisa. Kamfanonin yawon buɗe ido ne ke shirya irin wannan fita, kuɗi ɗaya za ka biya ya ɗauke maka mota da tikitin shiga da mai yi maka bayani. Wanda ya ji an ce mutum ya zare kuɗinsa don ya kalli fure da tukunya, yana iya cewa abin duniya ne ya yi masa yawa. To amma idan aka bi diddigi, za a tarar da cewa abin da ake zuwa gani a wuraren biyu aikin hannu ne da kulawa ta shekara da shekaru, kuma wannan kulawar ce ta mayar da tsiro mai yaɗo da tukunyar girki suka zama dukiyar da garuruwa ke ci da ita.

Bari mu ɗauki hanya guda mu bi ta daki-daki, wato wadda ke haɗa lambun furanni na Ashikaga da garin Mashiko, dukkansu a lardin Tochigi.

Dalilin haɗa su a rana ɗaya

Mutanen Japan suna lissafin shekara da furanni. Furen sakura ne ke buɗe fage a Tokiyo daga ƙarshen Maris zuwa farkon Afrilu, kuma bai cika wuce mako biyu ba ya zube. Yana kaucewa sai furen fuji, wanda Turawa ke kira wisteriya, ya karɓa daga tsakiyar Afrilu zuwa tsakiyar Mayu. A daidai wannan lokaci ne ake samun jerin ranakun hutu na ƙasa, daga 29 ga Afrilu zuwa 5 ga Mayu, kuma a cikinsu ne garin Mashiko ke cin babbar kasuwarsa ta tukwane. Fure yana ganiyarsa, kasuwa tana ci, ma'aikata suna hutu, ga shi tsakanin wuraren biyu tafiyar sa'a ɗaya da 'yan kai ce a mota. Masu shirya tafiya ba su yi komai ba illa lura da wannan dacewa.

Wanda ya so yana iya zuwa da kansa a jirgin ƙasa, domin tun shekarar 2018 aka buɗe tasha a bakin lambun. Sai dai daga Ashikaga zuwa Mashiko sai an yi ta sauya jirgi, lokaci mai yawa ya tafi a kan hanya. Nan ne motar haɗaka da ɗan jagora suke da rana.

Ƙarƙashin rumfar fuji

Fuji dangin wake ne, tsiro ne mai nannaɗe duk abin da ya samu ya hau. Idan aka bar shi a daji, sai ya haye bishiyoyi ya shaƙe su. Masu lambu kan yi masa doguwar rumfa ta ƙarfe, su riƙa jan rassansa suna ɗaurewa a kwance, suna datse masu neman yin sama, har furen ya rasa inda zai nufa sai ƙasa. Shi ya sa mai shiga ƙarƙashin rumfar ke ganin zangarniyoyin fure sun zubo daga sama, wasu tsawonsu ya kusa mita biyu, launin shuɗi mai ratsin ja, ƙamshi ya cika wurin. Kunne kuwa ba abin da yake ji sai gunjin wasu manyan ƙwari baƙaƙe dangin zuma, masu kai da komowa tsakanin furanni, waɗanda ba su cika kula mutum ba in bai taɓa su ba.

Akwai itatuwan fuji fiye da 350 a lambun, amma waɗanda ake tururuwa dominsu su ne manyan da suka haura shekara 150, waɗanda ɗaya kan rufe fili mai faɗin murabba'in mita 1,000. Ba a nan aka shuka su ba. A wani tsohon lambu suke a cikin garin Ashikaga, da aikin faɗaɗa gari ya taso aka rasa yadda za a yi da su, domin gangar fuji tana da taushi, da ta sami rauni sai ruɓa ta shige ta. Wata mata mai suna Tsukamoto Konami, mace ta farko da ta sami shaidar zama likitar bishiyoyi a Japan, ita ta karɓi aikin. Ta sa aka yi ta datse saiwoyi da rassa sannu a hankali kafin ranar tashi, sannan ta naɗe gangar da irin farin simintin da likitoci ke sa wa mai karaya, don kada igiyar ɗagawa ta ƙuje ta. A 1996 aka ɗauko su a manyan motoci tafiyar kusan kilomita 20. Sabon wurin fadama ne, don haka sai da aka binne gawayi mai ɗimbin yawa a ƙasa don a gyara ta. Aka buɗe lambun a 1997, itatuwan suka kama, suka ninninka faɗin da suka zo da shi.

Furannin ba rana ɗaya suke buɗewa ba. Mai ruwan hoda ne ke farawa, sai mai shuɗi-shuɗi, sai fari wanda aka yi wa rumfa mai kama da lungu tsawon mita 80, daga ƙarshe sai rawaya. Hukumar lambun tana da wata al'ada da ta cancanci a yaba: kuɗin shiga yana bin halin da furen yake ciki. Kowace safiya ake dubawa a yanke farashin ranar. In fure ya cika ya batse, tikiti ya yi tsada, in ya fara zuba a sauko da shi. Mai biya ya san abin da zai tarar tun daga bakin ƙofa.

Mashiko, garin magina

Daga nan mota kan yanki gabas, ta ratsa gonakin shinkafa da ake cika wa ruwa don dashe, ta shiga Mashiko. Sana'ar gini ta kafu a garin ne a 1853, lokacin da wani mutum mai suna Otsuka Keizaburo, wanda ya koyo ta a garin Kasama da ke maƙwabtaka, ya sami yumɓu mai kyau ya gina matoya. Kayan amfanin gida ake yi: randunan ruwa, butocin shayi, kwanukan niƙa kayan miya, ana kaiwa babban birni ana sayarwa da araha. Yumɓun wurin yana da yashi da sinadarin ƙarfe, ba ya yarda a yi masa sirantaka, don haka kayan Mashiko masu kauri ne da nauyi a hannu. Da kwanukan ƙarfe da na gilashi suka shigo kasuwa, sai cinikin magina ya fara ja da baya.

Mutumin da ya sauya wa garin suna shi ne Hamada Shoji, wanda ya zo ya zauna a 1924. Shi da abokansa Yanagi Soetsu da Kawai Kanjiro suka kafa wata tafiya da ake kira mingei, wadda ke cewa kyau na gaskiya yana cikin kayan da talaka ya yi don amfanin talaka, wanda hannu ya maimaita sau dubu har ya daina tunani. Hamada ya yi aiki da yumɓun garin da tokar garin, kuma ba ya sa hannu a jikin tukwanensa, sai dai a akwatin katakon da ake sa su. A 1955 gwamnati ta sa shi cikin rukunin farko na gwanayen da ake kira taskokin ƙasa masu rai. Almajirinsa Shimaoka Tatsuzo, wanda ya shahara da mirgina igiya a jikin ɗanyen yumɓu ya cike gurbin da farar ƙasa, shi ma ya sami wannan matsayi a 1996. Gidan Hamada, mai tsofaffin ɗakuna masu rufin ciyawa, ya zama gidan tarihi tun 1977, kuma masu jagora kan tsaya a can.

Abin da ya fi ɗaukar ido a gidan shi ne matoya mai hawa tudu, wadda suke kira noborigama. Ɗakuna ne na tubali da laka a jere a kan gangare, kamar rumbunan da aka huda aka haɗa cikinsu. A na ƙasa ake hura wuta, zafi ya riƙa hawa daga ɗaki zuwa ɗaki, ana jefa faskararren ice ta 'yan tagogin gefe dare da rana har kwanaki, sai zafin ya kai tsakanin digiri 1,200 da 1,300. A irin wannan zafin ne ruwan da aka shafa wa tukunya ke narkewa ya zama gilashi. Launin ja mai duhu da aka san Mashiko da shi daga garin wani dutse na yankin ake samunsa, farin kuma daga tokar ƙaiƙayin shinkafa. Girgizar ƙasar 11 ga Maris, 2011 ta rusa irin waɗannan matoyu da dama a garin, har da na gidan Hamada, aka yi karo-karo aka sake gina su.

Kasuwar tukwanen kuwa an fara ta a 1966, ana cinta sau biyu a shekara, a hutun ƙarshen Afrilu da kuma farkon Nuwamba. Rumfunan tanti kusan 500 ake kafawa a titin Jonaizaka da lungunan da ke kewaye. Daɗinta shi ne sau da yawa wanda ya gina kofin shi ne zaune a bayan tebur. Ɗauki kofin ka juya gindinsa, za ka ga zoben da ba a shafa wa komai ba, mai kaushi, inda ainihin launin yumɓun ya bayyana, wani lokaci har da sawun yatsun maginin a inda ya riƙe ya tsoma. Masu saye da suka san kan abin nan suke fara dubawa.

Abin da mai zuwa ya kamata ya sani

Fure ba ya bin kalanda. Shekarar da ɗumi ya zo da wuri yakan buɗe da wuri, don haka a duba sanarwar lambun kafin a biya kuɗin tafiya, a kuma tambayi kamfanin ko kuɗin shiga na cikin abin da aka biya. A ranakun hutu hanya kan cushe, motar da ta fita da sassafe ita ce ke cin riba. Lokacin da jagora ya ce a dawo mota, lokacin yake nufi, ba a jiran wanda ya makara.

A lambu ba a tsinkar fure, ba a jan zangarniya don ɗaukar hoto, kuma a kula da yara, domin 'ya'yan fuji da kwansonsa suna da guba. A rumfar magini, ana ɗaukar kaya da hannu biyu, a riƙe ƙasa-ƙasa kusa da tebur, mai zobe ya cire don kada ya karce. Ciniki irin na kasuwanninmu ba al'adar wurin ba ce, farashin da aka rubuta shi ake biya, kuma yana da kyau a riƙe tsabar kuɗi. Wanda ya zauna a gaban faifai mai juyawa ya gwada gini da hannunsa, ya sani ba zai tafi da abinsa ranar ba, sai ya bushe an toya, abin da kan ɗauki wata ɗaya ko biyu, don haka ya tambaya ko suna aikawa ƙasar waje. Sabon kwano kuma, magina kan ba da shawarar a tafasa shi a ruwan wankin shinkafa kafin a fara amfani da shi, don ƙananan kofofin jikinsa su toshe kada ya sha mai.

Musulmi ya yi tambaya a kan abincin ranar tun kafin tashi, domin naman alade da wata giyar shinkafa da ake zubawa a miya suna da yawa a girkin ƙasar. Yin guzuri ya fi kwanciyar hankali, haka ma sanar da jagora cewa ana buƙatar wurin salla.

Wanda bai dace da lokacin fuji ba bai yi asara ba. A Mashiko ana shuka filayen furen rana da ke buɗewa a Agusta, da wasu furanni na kaka a Oktoba, shi kuma lambun Ashikaga yakan koma wasan fitilu da dare duk tsawon hunturu.

Zaren da ya iso Suleja

Labarin Mashiko yana da reshe a Najeriya. Kafin Hamada ya zauna a garin, ya bi abokinsa Bature Bernard Leach zuwa garin St Ives na Ingila a 1920, suka kafa masana'antar tukwane tare, da matoya mai hawa irin ta Japan. Almajirin Leach na farko shi ne Michael Cardew, wanda daga baya ya zo Najeriya ya buɗe cibiyar koyar da ginin tukwane a tsohuwar Abuja, wato Suleja ta yau, a farkon shekarun 1950. A gidan Sarkin Abuja Sulaimanu Barau ya ga tulunan wata maginiya Bagwariya, Ladi Kwali, wadda ta shiga cibiyar a 1954. Tulunanta masu zanen ƙadangare da kifi da kunama sun zaga manyan biranen Turai, ita ce kuma ke bayan takardar naira 20.

Ke nan idon da ya ga daraja a kwanon Mashiko, irinsa ne ya ga daraja a tulun Kwali. Gwanintar tana nan a hannun maginanmu, yumɓu ma yana nan. Abin da Mashiko ta ƙara a kai abubuwa ne da ake iya lissafawa: ranar kasuwa tsayayya da kowa ya sani tun shekara ta kama, gidan tarihi da ke adana aikin magabata, hanyar mota mai kyau, da mutumin da zai tsaya gaban baƙo ya faɗa masa wane ne ya gina, da wace ƙasa, da wace toka. Ƙaramar hukumar da ke da unguwar magina tana iya farawa da na farkon, ta tsayar da rana ɗaya a shekara, ta yi shela, ta bar maginan su zauna a bayan kayansu su faɗi farashi da bakinsu.