Marubucin fim da mataimakin darakta a Kano

Mai kallo yakan riƙe sunan jarumi, ya manta da wanda ya rubuta labarin. Alhali tun bayan fitowar Turmin Danya a 1990, marubutan littattafai na cikin waɗanda suka raya finafinan Kano. Ado Ahmad Gidan Dabino ya mayar da littafinsa In Da So Da Ƙauna fim, haka kuma aka yi wa Alhaki Kwikwiyo na Balaraba Ramat Yakubu.

Shi kuwa mataimakin darakta, shi ke tsara ranakun ɗauka, ya tattaro 'yan wasa, ya nemi izinin mai unguwa, ya lallashi yara in ana aiki a lungunan cikin birni. Wahalar mutanen nan ta fi ladansu yawa. Furodusoshi, a biya su haƙƙinsu a kan lokaci.