Tunani huɗu da mabiya Buddha ke juya zuciya da su: abin da ya kamata ku sani

Wanda ya je koyon addinin Buddha wajen malaman Tibet, ba da halwa ko dogon wuridi ake fara masa ba. Abubuwa huɗu ake ba shi, a ce ya je ya yi ta tauna su a ransa, makonni ko watanni, har sai sun kama shi. Su ne darajar samun rai na ɗan Adam, da gushewar komai har da mutuwa, da sakamakon aiki, da aibin rayuwar duniya. Hujjar malaman ita ce, duk ibadar da aka ɗora a kan zuciyar da ke fuskantar duniya ba ta daɗewa.

Daga ina suka fito?

An haifi Siddhartha Gautama, wanda ake kira Buddha, a Lumbini da ke Nepal ta yau, kimanin shekara 2,500 da suka wuce. Ɗan sarauta ne. Mabiyansa sun ruwaito cewa ya fita daga fada ya ga tsoho, ya ga majinyaci, ya ga gawa, sannan ya ga wani mai gudun duniya, abin da ya sa ya bar gida yana da shekara 29. Daga baya malamai suka jera koyarwarsa daki-daki. Atisha, malami daga Bengal, ya isa Tibet a 1042 da irin wannan tsari. Gampopa (1079–1153) da Tsongkhapa, wanda ya kammala babban littafinsa Lamrim Chenmo a 1402, sun faɗaɗa shi. A ƙarni na 19 Patrul Rinpoche (1808–1887) ya rubuta shi da harshen da makiyayi zai gane.

Na farko: rai abu ne mai wuyar samu

A wajensu, zama mutum mai hankali da lafiya, wanda ya samu malami da sararin koyo, babban rabo ne. Suna lissafa sharuɗɗa 18: matsaloli 8 da mutum ya kuɓuta daga gare su, da ni'imomi 10 da ya samu. Akwai misalin da suke dangantawa da Buddha kansa. Wata makauniyar kififiya ce a ƙasan teku, sau ɗaya take leƙowa a shekara 100, a saman ruwan kuma ga karkiya mai rami ɗaya iska na kora ta gabas da yamma. Yaushe wuyanta zai dace da ramin? Samun rai irin namu, in ji su, ya fi haka wuya. Saboda haka ɓarnatar da shi asara ce da ba ta da mayi.

Na biyu: babu abin da ke tabbata

Nan suka fi daɗewa. Suna kasa shi uku: mutuwa tabbas ce, lokacinta ba a sani ba, kuma idan ta zo babu mai amfani sai abin da mutum ya yi na gyaran zuciya. Ana ba da labarin malaman ɗariƙar Kadampa cewa idan za su kwanta sai su kife ƙwaryar abincinsu, ba sa kuma rufe garwashi da toka don girkin safe, domin ba su da tabbacin wayar gari. Almajiri kuwa ana sa shi ya zauna ya lissafa waɗanda ya sani suka riga shi tafiya, ɗaya bayan ɗaya, tsofaffi da tsararrakinsa da jarirai.

Mutumin bakin tafkin Kainji ba ya buƙatar dogon bayani a nan. An fara gina madatsar ruwan Kainji a 1964, aka kammala a 1968. Ruwa ya haɗiye tsohuwar Bussa da tsibirai da ƙauyuka masu yawa na Gungawa a ƙasar Yauri, aka sauya wa sama da mutum 40,000 matsuguni. Fadamun albasa da makabartun kakanni yau kwale-kwale ke wucewa ta kansu. A watan Mayun 2021 kuma jirgin ruwa ya nutse kusa da Wara, a ƙaramar hukumar Ngaski, da ɗimbin bayin Allah da suka fito da safe da niyyar komawa gida. Allah ya jiƙansu.

Na uku: aiki ba ya ɓata

Wannan shi ne abin da suke kira karma. Duk aikin da aka yi da niyya yana barin iri, kuma irin zai tsiro ko da an jima. Suna ƙirga munanan ayyuka 10. Uku na jiki ne: kisa, sata da alfasha. Huɗu na harshe ne: ƙarya, annamimanci, baƙar magana da surutun banza. Uku na zuciya ne: kwaɗayin abin wani, mugun nufi da karkatacciyar fahimta. A lura cewa harshe ne ya fi yawan kaso. Bahaushe ma ya ce alhaki kwikwiyo ne, mai shi yake bi.

Na huɗu: daɗin duniya ba ya ƙosarwa

Suna raba wahala gida uku. Akwai ta fili, wato ciwo da rashi da yunwa. Akwai ta sauyi, inda abin da ya faranta rai jiya ya zama abin damuwa yau, kamar dukiyar da ke hana mai ita barci. Akwai kuma ta ɓoye, wato rashin natsuwar da ke tare da duk abin da ya dogara da wani abu. Manufar ba a tsani rayuwa ba ce. So ake a daina neman hutu na dindindin a inda babu shi.

Ina muka haɗu, ina muka rabu?

Musulmin ƙasar Hausa zai ji kamar ya san wani ɓangare na wannan. Imam Gazali, wanda ya rasu a 1111, da babin tuna mutuwa da abin da ke bayanta ya rufe littafinsa Ihya'u Ulumiddin. Shehu Usmanu Ɗanfodiyo da 'yarsa Nana Asma'u (1793–1864) sun bar waƙoƙin wa'azi masu tsoratarwa game da ruɗin duniya da kwanciyar kabari, Asma'u kuma ta isar da su ga matan karkara ta hannun ƙungiyar 'Yan Taru.

Sai dai tushen ya bambanta ƙwarai, kuma bai kamata a cakuɗa ba. Addinin Buddha bai ginu a kan imani da Mahalicci ba. Mabiyansa sun yarda cewa ana sake haihuwar mai rai sau da yawa a cikin duniyoyi 6, burinsu kuma shi ne fita daga wannan kewaye. Musulmi da Kirista kuwa sun yi imani da rayuwa ɗaya, da tashin ƙiyama, da hisabi a gaban Ubangiji mai rahama da gafara.

Abin lura ga kowa shi ne yadda mabiya Buddha suka mayar da tunani aiki na kullum, mai lokaci da tsari. Kowa ya san zai mutu, amma sanin ba ya hana mutum tauye mudu ko cin amanar maraya. Mu kan girgiza a makabarta, kafin sadakar uku mun koma yadda muke. Wanda ya ware 'yan mintoci bayan asuba ya tambayi kansa me ya yi da lafiyarsa, haƙƙin wa ke wuyansa, wace magana ya faɗa jiya da ba ta dace ba, zai fita kasuwa da wata zuciya daban. In kuwa ya tuna da bashi ko gaba, ya je ya warware tun yau.