Bashin Gida: Nawa Ake Biya Kafin Gida Ya Zama Na Mai Shi?

Bashin gida kuɗi ne da banki ke ba mutum ya sayi gida ko ya gina, bisa sharaɗin gidan ya zama jingina a hannun bankin har ranar da aka gama biya. Wata-wata ake biyansa, tsawon shekara goma, ashirin ko talatin. Jingina ba baƙuwa ba ce a ƙasar Sakkwato, domin manomin Sifawa ko na Shagari ya san yadda ake ba da gona a karɓi kuɗi, a fanso ta in hali ya samu. Sai dai a jinginar gona abin da aka karɓa shi ake mayarwa, mai kuɗi ya ci amfanin gonar kafin lokacin. A ta banki kuwa mai bashi ne ke zaune a gidan, bankin yana ɗora kuɗin ruwa a kan abin da ya rage kowane wata. Shi ya sa farashin da aka rubuta a takardar ciniki yakan yi nisa da abin da zai fita daga aljihu.

Babbar ƙofar wannan bashi a Najeriya ita ce Bankin Lamunin Gidaje na Tarayya, wato FMBN, wanda ya samo asali daga wata ƙungiyar lamunin gine-gine ta 1956, ya zama banki a 1977. Gwamnatin Alhaji Shehu Shagari ta gwada wata hanyar a 1980, inda ta ƙudura gina gidaje 2,000 a kowace jiha duk shekara. Ba a cika adadin ba, amma unguwannin da aka gina suna nan a garuruwa da dama, ana kiransu da sunansa. A 1992 aka kafa Asusun Gidaje na Ƙasa, wanda ake cire wa ma'aikaci kashi 2.5 cikin ɗari na albashinsa a zuba. Wanda ya yi wata shida yana zubi zai iya neman bashi a kan kuɗin ruwa kashi 6 cikin ɗari a shekara, ya biya cikin wa'adin da bai wuce shekara 30 ba, kuma iyakar abin da ake bayarwa ta tashi daga naira miliyan 15 zuwa miliyan 50. Wata dokar 2023 ta mayar da zubin ganin dama ga ma'aikatan kamfanoni masu zaman kansu.

A ɗauki misalin ma'aikacin da ya karɓi naira miliyan 10 a kan wannan kashi 6, zai biya cikin shekara 30. Abin da za a riƙa cire masa a wata shi ne naira 59,955. In aka ninka wannan sau 360, jimla ta kama miliyan 21.58. Ke nan kuɗin ruwa kaɗai ya kai miliyan 11.58, ya ɗara uwar kuɗin.

Yadda biyan ke rabuwa shi ya fi ruɗar mutane. A watan farko bankin zai lissafa rabin kashi ɗaya cikin ɗari na miliyan 10, wato naira 50,000, ya ɗauke a matsayin ruwa. Naira 9,955 ce kawai za ta taɓa uwar kuɗin. A wata na biyu bashin ya ragu da wannan ɗan abin, sai ruwan ya ragu da kimanin naira 50, haka za a yi ta jan ƙafa. Bayan shekara goma mai bashi ya zuba sama da miliyan 7, amma in ya je banki ya tambaya, za a ce ana binsa miliyan 8.37. A shekara ta 15, tsakiyar wa'adi, saura miliyan 7.1. Sai cikin shekara ta 19 ne abin da ke zuwa ga uwar kuɗi zai fara rinjayar ruwa, kuma rabin bashin ba ya biyuwa sai an cika shekara 21. Ba maguɗi ba ne, tsarin lissafin ke nan a ko'ina cikin duniya. Amma wanda bai sani ba, in sauyin wurin aiki ko wata larura ta sa shi sayar da gidan bayan shekara bakwai ko takwas, zai tarar mafi yawan abin da ya biya ya tafi ga ruwa.

Rage wa'adi na sauya lissafin ƙwarai. Wannan miliyan 10 ɗin, in shekara 20 aka yanka mata, biyan wata zai zama naira 71,643, jimla miliyan 17.19. Ƙarin da bai kai naira 12,000 ba a wata ya hana fitar kusan miliyan 4.4. In shekara 15 ce, naira 84,386 a wata, jimla miliyan 15.19. Sau da yawa ma ba mai bashi ke zaɓar wa'adin ba, shekarunsa ke zaɓa masa, tunda ana so a gama biya kafin ritaya, wato shekara 60 da haihuwa ko 35 a bakin aiki. Ma'aikacin ƙaramar hukumar Boɗinga mai shekara 45 ba zai samu fiye da shekara 15 ba. Akwai kuma ƙa'idar cewa biyan wata kada ya wuce sulusin abin da mutum ke samu. Don haka mai neman miliyan 10 a shekara 30 sai albashinsa ya kai wajen naira 180,000, mai shekara 15 kuwa sai ya haura 250,000. Mai mafi ƙarancin albashi na naira 70,000, ko da an ba shi shekara 30 cif, abin da zai samu bai kai miliyan 4 ba.

Duk wannan a kan kashi 6 ne, wanda gwamnati ta sassauta. Bankunan kasuwanci suna bin ma'aunin Babban Bankin Najeriya, wanda ya kai kashi 27.5 a Nuwamban 2024, don haka bashinsu yakan haura kashi 20. A kan kashi 25, miliyan 10 a shekara 15 tana cin kimanin naira 213,500 a wata, jimla miliyan 38.4. Mai neman sauƙi in ya roƙi a tsawaita masa zuwa shekara 20, abin da zai ragu a wata bai kai naira 4,000 ba, jimlar kuwa ta haye miliyan 50. A irin wannan mataki tsawaita wa'adi ba ya amfanar kowa sai banki. Galibi kuma ruwan bankunan kasuwa ba tsayayye ba ne, yarjejeniya na ba su damar ɗaga shi in kasuwa ta juya. Irin wannan ruwa mai motsi na cikin abubuwan da suka raba iyalai masu ɗimbin yawa da gidajensu a Amurka a 2007 da 2008.

Akwai wata dabarar lissafi da ta fi yawa a ƙananan bankuna da ƙungiyoyin gama-kai na ma'aikata, inda ake ɗora ruwa a kan dukan kuɗin da aka karɓa tun farko, ba a kan abin da ya rage ba. Naira miliyan ɗaya a kan kashi 10 na shekara uku za ta jawo ruwan naira 300,000. A kunne kashi 10 ne, amma tunda mai bashi yana rage uwar kuɗin kowane wata, ainihin abin da ya biya ya yi daidai da kusan kashi 18.

Bayan ruwa akwai kuɗaɗen da ba sa cikin tallan banki. Akwai kafin-alƙalami, wanda tun 2018 FMBN ya yafe wa bashin da bai wuce miliyan 5 ba, ya bar kashi 10 ga na sama da haka. Akwai ladan mai ƙiyasta darajar gida, da safiyo, da lauya, da la'adar dillali, da harajin hatimi, da kuɗin rajista a ma'aikatar filaye. Akwai inshorar gobara da ta rai, waɗanda ake biya muddin bashin na nan, da harajin fili na shekara-shekara. Gyara ma na mai gida ne tun ranar farko, ko da takardun suna hannun banki: iskar farkon damina in ta yaye kwano, banki ba ya rage ko kwabo daga biyan watan. Ga ma'aikatan da ke cikin tsarin fansho na zubi, hukumar fansho ta PenCom ta ba da dama tun 2022 a ciri kashi 25 na ajiyarsu a biya kafin-alƙalami, amma wannan ragi ne daga abincin tsufa, dole a sa shi a lissafi.

A gari irin Sifawa takarda ce ke fara tare hanya tun kafin a zo maganar ruwa. Tsohon gari ne, nan Shehu Usmanu ɗan Fodiyo ya zauna kafin ya koma Sakkwato a 1815, kuma a irin waɗannan garuruwa gidaje da filaye da yawa gado ne, maƙwabta da mai unguwa da hakimi su ne shaidar mallaka. Banki ba ya karɓar wannan. Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta danƙa ƙasar kowace jiha amana a hannun gwamna, ta bar wa ƙananan hukumomi ikon ba da izinin zama na gargajiya a wuraren da ba a ayyana su birni ba. Masu ba da bashi takardar shaidar mallaka ta gwamna suke nema, kuma sashe na 22 na dokar ya ce ba a jinginar da irin wannan fili sai da yardar gwamna. A shari'ar bankin Savannah da Ajilo a 1989, Kotun Ƙoli ta rushe jinginar da aka yi ba tare da wannan yarda ba. Neman takardun na cin kuɗi da watanni, siminti kuwa ba ya jira. Gidan gado da magada biyar ke da haƙƙi a ciki ba ya jinginuwa sai an raba ko duk sun sa hannu.

Hauhawar farashi ita ce ke juya lissafin ta wata fuskar. Naira 59,955 ta yau ba ita ce ta shekara ashirin masu zuwa ba. Mafi ƙarancin albashi ya tashi daga naira 18,000 a 2011 zuwa 30,000 a 2019, sannan 70,000 a 2024. Wanda ya ƙulla biyan naira 6,000 a wata a 2011 sulusin albashinsa yake bayarwa, yau kuwa bai kai kashi ɗaya cikin goma ba. A Disamban 2024 hauhawar farashi ta kai kashi 34.8. A irin wannan hali bashi mai tsayayyen ruwa na kashi 6 yana narkewa da kansa, kuma waccan jimla ta miliyan 21 mai ban tsoro ta fi sauƙi a zahiri fiye da yadda take a takarda, matuƙar albashi na motsawa. Amma sauƙin wani ne ke biyansa. Zubin ma'aikata a asusun ribar kashi 2 kawai yake samu, a mayar wa mutum bayan ritaya, darajarsa ta zube. Ma'aikacin karkara da ake cire wa kuɗi shekara da shekaru, bai taɓa samun bashi ba saboda rashin takarda, shi ke tallafa wa mai takarda a birni. Wannan aibi ne na gaske a tsarin.

Mutane da yawa a Sakkwato ba lissafi ke hana su wannan bashi ba, haramcin riba ne, kamar yadda ya zo a ƙarshen Suratul Baƙara. Bankunan da ba sa mu'amala da ruwa, irin su Jaiz da ya fara aiki a 2012 da TAJ da ya biyo baya a 2019, suna bin wasu hanyoyin. A murabaha banki ne ke sayen gidan ya sayar wa mutum da ƙayyadaddiyar riba. A ijara haya ake biya har mallaka ta koma hannun mai haya. A haɗin gwiwa mai raguwa kuwa mutum na sayen kason banki kaɗan-kaɗan, yana biyan hayar abin da ya rage. Hukuncin ya bambanta, amma aljihu na buƙatar lissafi iri ɗaya. Gidan miliyan 10 da aka sayar a miliyan 18 na shekara goma, naira 150,000 ke nan a wata, nauyin da ya yi daidai da kimanin kashi 13 a ɗaya tsarin. Alfanun murabaha shi ne farashin ba ya ƙaruwa bayan an ƙulla. Abin lura kuma shi ne wanda ya biya da wuri ba lallai ne a rage masa ribar ba, sai abin da yarjejeniya ta tanada ko banki ya ga dama.

Hanyar da akasarin mutanen Boɗinga da Shagari ke bi ita ce gini sannu a hankali: a sayi fili bana, a buga bulo baɗi da kuɗin adashi ko na kaka, a yi rufi in an sayar da sa. Babu ruwa a ciki, babu mai ƙwace gida, amma ba kyauta ba ce. Buhun siminti da ake saye wajen naira 2,500 a 2019 ya haura 10,000 a farkon 2024, duk da masana'antar siminti ta Kalambaina na nan kusa. Wanda ya tsaya a linta shekara biyar ya biya wannan bambanci, ya biya haya in ba a gidan gado yake ba, damina kuma ta ci wani abu daga kangon. Kwatancin adalci shi ne a jera jimlar bashi da dukan kuɗaɗen gefensa a hannu ɗaya, a jera haya da tashin kayan gini na shekarun jira a ɗayan. A kan kashi 6 tsayayye bashi yakan yi rinjaye, a kan kashi 25 kuwa da wuya.

Ga wanda ya riga ya karɓa, ƙari a kan biyan wata ya fi tasiri a shekarun farko, lokacin da uwar kuɗin ke da girma. A misalin miliyan 10 na shekara 30, ƙarin naira 10,000 kowane wata zai kammala bashin a shekara 21, ya rage kusan miliyan 4 daga ruwa, muddin yarjejeniya ba ta sa tarar biya da wuri ba, kuma an rubuta cewa ƙarin uwar kuɗi zai rage. Idan mai bashi ya rasu kafin wa'adi, bashin na gaba da rabon gado, don haka gidan ba ya shiga hannun magada sai an sauke shi. Inshorar rai ko ta tsarin Musulunci, wato takaful, da aka haɗa da bashin ita ce ke biyan ragowar, da sharaɗin ba a yi sakacin sabunta ta ba, kuma iyali sun san da ita da inda takardunta suke.