RUWAN KWATA DA DOKAR TSABTACE RUWA A AMURKA

Ruwan sama yana saukowa ne da tsabtarsa, amma ba ya isa kogi da ita idan ya bi ta cikin birni. A daji ƙasa ce ke shanye mafi yawansa, ciyawa da saiwoyi su tsare saura. A birni kuwa, inda kwalta da siminti da rufin kwano suka rufe fuskar ƙasa, ba shi da wurin nutsewa, sai ya kwarara. Lissafin ba shi da wuya: ruwa mai zurfin milimita 10 a kan hekta ɗaya ta kwalta lita 100,000 ke nan, kusan dukkansa kuwa kwata zai faɗa cikin ɗan lokaci kaɗan.

Ba yawansa kaɗai ne abin damuwa ba, har da abin da yake ɗauke da shi. Titi yakan tara baƙin mai da ke ɗiga daga motoci, da tutiya daga gogewar taya, da jan ƙarfe daga birki, da takin zamani daga lambuna, da kashin dabbobi, da gishirin da ake watsawa a ƙasashen sanyi domin narkar da ƙanƙara. Ruwan farko bayan an daɗe ba a yi ruwa ba shi ya fi kwaso wannan datti. A birane da yawa kuma magudanar ruwan sama dabam take da ta bayan gida, watau ba ta bi ta wurin tace ruwa, kai tsaye take zuwa rafi.

A 1969 kogin Kuyahoga na birnin Cleveland ya kama da wuta saboda man da ke yawo a kansa. Wannan abin kunya yana cikin abubuwan da suka zaburar da Amurka, ta kafa Hukumar Kare Muhalli a 1970, sa'an nan ta yi Dokar Tsabtace Ruwa a 1972. Ginshiƙin dokar shi ne, ba mai zuba ƙazanta cikin kogi ta bututu ko magudana sai da lasisi, lasisin kuma yana iyakance abin da za a zuba. Ga masana'anta wannan ya yi aiki ƙwarai, domin bututu yana da mai shi, ana iya ɗibar ruwansa a auna, a ci tara.

To, amma ruwan titi na wane ne? Dubban motoci ne suka ɓata shi, kowace da ɗan digonta, ba kuwa wanda za a kama a ce kai ne. Hukumar ta ga aikin ya fi ƙarfinta, sai a 1973 ta ware mafi yawan ruwan sama daga cikin abin da ke bukatar lasisi. Masu fafutukar kare muhalli suka kai ƙara, a 1977 kotun ɗaukaka ƙara ta tabbatar cewa hukuma ba ta da ikon yafe abin da doka ba ta yafe ba. Duk da haka aka yi ta jan ƙafa har shekara goma. Sai a 1987 Majalisar Dokoki ta gyara dokar, bayan ta rinjayi Shugaba Reagan wanda ya ƙi sa hannu, ta shigar da ruwan sama cikin tsarin lasisi a fili.

Dabarar da aka yi ita ce a nema wa ruwan uba. Tun da birni ne ya gina kwata, shi ne mai bakin magudana, don haka shi zai riƙe lasisi, shi za a tuhuma. A 1990 aka fara da biranen da mutanensu suka kai 100,000, da masana'antu, da wuraren gini masu faɗin eka 5 ko fiye. A 1999 aka faɗaɗa zuwa ƙananan garuruwa da wuraren gini masu eka ɗaya. Ma'aikatun hanyoyi na jihohi su ma sun shiga, domin manyan tituna suna da nasu magudanan. Ana bukatar mai lasisi ya wayar da kan jama'a, ya binciko masu haɗa bututun ƙazanta da kwata a ɓoye, ya tilasta wa 'yan kwangila su tsare laka a wurin gini, ya kuma riƙa share tituna da yashe magudanai.

Akwai rauni a nan wanda bai kamata a ɓoye ba. Masana'anta ana ba ta adadi, a ce kada ki wuce kaza. Birni kuwa doka cewa ta yi ya rage ƙazanta iyakar abin da zai yiwu, wannan magana kuwa tana miƙewa kamar roba, lauyoyi sun sha ja-in-ja a kanta. Daɗin daɗawa, ruwan saman da ya kwararo daga gonaki doka ta ware shi, ba ya bukatar lasisi, alhali yana kwaso taki da laka masu yawa.

Abin da ke cikin ruwan ma ba duka aka sani ba lokacin da aka yi dokar. A rafukan birnin Seattle an daɗe ana ganin wani irin kifi, koho, wanda kan baro teku ya hau rafi domin ya zuba ƙwai, yana mutuwa bayan an yi ruwa tun bai zuba ba. An yi shekaru ana neman dalili. Sai a 2020 masana na Jami'ar Washinton suka gano cewa wani sinadari ne, 6PPD, wanda ake sa wa taya don kada ta tsattsage. Idan ya haɗu da iska yakan rikiɗa ya zama guba ga wannan kifi. Tun kafin a san sunan gubar, gwaji ya nuna cewa idan aka bi da ruwan titi ta cikin cakuɗin yashi da ƙasa da takin gargajiya, kifin ba ya mutuwa. Wani lokaci kuma maganin yana can tushe: a 2010 jihohin Washinton da Kalifoniya suka yi dokar rage jan ƙarfe a cikin birki.

Wannan ya sa tunanin injiniyoyi ya juya. A da burinsu a fitar da ruwa daga gari da gaggawa. Yanzu ana neman a tsare shi inda ya sauka, a bar ƙasa ta tace shi: ramuka masu tsirrai a gefen titi, da daɓe mai shan ruwa, da tafkunan da laka ke kwanciya a ciki. Birnin Filadelfiya, inda tsohuwar magudana ke haɗa ruwan sama da na bayan gida har takan yi ambaliya cikin kogi, ya ɗauki shirin shekara 25 a kan wannan hanya a 2011. Wanda ya san kududdufan tsohon birnin Kano, inda aka haƙi ƙasar gini suka zama matattarar ruwan damina, ba zai ga baƙon abu a nan ba, sai dai da yawa daga cikinsu an cike su an yi gini.

Saura maganar kuɗi, wadda ita ce ta fi tsauri. Garuruwa da dama suna karɓar kuɗi daga mai fili gwargwadon faɗin rufi da simintin da ke cikin filinsa, wanda ya rage kwarara a rage masa. Hujjar a bayyane take, amma ba kowa ke karɓarta ba. A 2012 jihar Maryland ta tilasta wa manyan ƙananan hukumominta guda goma su karɓi irin wannan kuɗi domin kare mashigin tekun Chesapeake. 'Yan adawa suka laƙaba masa suna harajin ruwan sama, sunan ya bi shi, a 2015 aka janye tilascin. Wajibin tsabtace ruwan dai yana nan a kan ƙananan hukumomin, aka bar wa kowace ta nemo inda za ta samo kuɗin.