Ina Gem Yake Kwana a Cikin Kwamfuta?

A wannan makon kulob ɗinmu ya ɗauko maganar da ake yi a ɓoye, wato gem. Mun san wasu malaman za su ɗaure fuska da ganin kan maganar, amma muna roƙon a daure a karanta. Ko an so ko an ƙi, gem yana cikin laftof ɗin yayyenmu a gida, yana cikin kwamfutocin shagunan caji da tura fim tun daga Kwanar Ɗangora har Tudun Wada, kuma lokaci-lokaci yakan tsallako ɗakin kwamfuta na makaranta. Yawancin ɓarnar da yake yi wa kwamfuta tana farawa ne daga wurin da aka ajiye shi, kuma da yawa daga cikin masu bugawa ba su san wannan wurin ba.

Kowace kwamfuta tana da rumbun ajiya, wanda masu gyara ke kira had-disk. Idan kana son ganinsa, danna maɓallin Windows tare da harafin E, sai ka shiga This PC. A tsohuwar kwamfuta mai Windows 7 sunansa Computer. Za ka ga akwati mai harafin C, wataƙila da wani mai harafin D, kowanne da ɗan layi a ƙarƙashinsa yana nuna yawan abin da ya cika. Wani zai ce to ina A da B? An ware su ne tun da can domin wani ƙaramin faifai da ake kira filofi, wanda ake zura wa kwamfuta. Wanda aka fi sani yana ɗaukar megabayit 1.44 kacal, ko hoto ɗaya na wayar yanzu ba lallai ya shiga ba. Filofi ya tafi, amma C bai canza suna ba.

A cikin C Windows kansa yake zaune. Mu ɗauke shi kamar tsakar gida: nan ake daka, nan ake girki, nan ake shanya. Shi kuwa D kamar rumbu ne. Duk wanda ya taɓa zuwa Doguwa lokacin kaka ya san yadda gida yake zama idan an jibge buhunan masara a tsakar gida kafin a kwashe su, ko wurin ajiye tukunya babu. Haka Windows yake. Yana buƙatar fili a C domin ya baje kayan aikinsa na wucin gadi, kuma idan ƙwaƙwalwar aikinsa da ake kira ram ta cika, daga C yake aron wuri. Idan layin nan ya koma ja, abin da ya rage bai kai kashi ɗaya cikin goma ba. Idan aka ci gaba da lodi daga nan, sai kwamfuta ta fara nauyi, ka buɗe Microsoft Word ka zauna jira, har ta kai ka rubuta aiki ta ce babu wurin ajiye shi.

Gem kuwa ba ƙaramin buhu ba ne, kuma kullum ƙara girma yake yi. Wasan kati na Solitaire da ya zo tare da Windows 3.0 a 1990 bai kai megabayit ɗaya ba. GTA Vice City, wanda ya fito a kwamfuta a 2003, yana cin kusan gig ɗaya da rabi. GTA San Andreas na 2005 yana neman kusan gig 5. PES 2013, wanda har yau ba a daina bugawa a unguwanninmu ba, yana neman wajen gig 8. Da GTA V ya iso kwamfuta a 2015, gig 65 ya nema. Akwai ƙananan laftof da rumbunsu gaba ɗaya gig 64 ne, wasu ma 32. Ga masu lissafi, ba sai mun faɗi amsa ba.

Akwai kuma wani abu da ke haɗa mutane faɗa da masu sayar da kwamfuta. Ka sayi laftof a titin Beirut ko Fam Santa a Kano, an ce maka gig 500 ce, ka zo gida ka ga kusan 465. Ba cutar ka aka yi ba. Kamfanonin da ke ƙera had-disk suna ƙirga dubu-dubu ne, shi kuwa Windows yana ƙirga 1024. Saboda haka tun farko filin bai kai yadda kake zato ba.

Yanzu ga asalin maganar. Gem ɗaya a wurare uku yake kwana.

Na farko shi ne ɗan hoton da kake gani a fuskar kwamfuta, mai ƙaramar kibiya a gefensa. Sunansa shotkot. Allon kwatance ne kawai, irin wanda ke bakin titi yana nuna hanyar Tiga. Nauyinsa 'yan kilobayit ne. Wanda ya cire allon bai kwashe ruwan dam ba, haka ma wanda ya goge shotkot bai goge gem ba. Wannan ne ya sa ake samun kwamfutar da fuskarta fes, babu alamar gem ko ɗaya, amma C ɗinta ja wur. Wani ya ji takun malam ne ya goge hoton da sauri.

Na biyu shi ne jikin gem ɗin, inda dukan nauyin yake. Idan ba ka hana shi ba, C yake tafiya, cikin foldar Program Files ko 'yar uwarta mai 86 a ƙarshen suna. Idan kana son sanin inda wani gem yake, ɗora maus a kan shotkot ɗinsa, danna ɓangaren dama, ka zaɓi Open file location. Zai kai ka har ƙofar gidansa.

Na uku shi ne sebin, wato bayanin inda ka tsaya: mishan nawa ka ci, kofi nawa ka ɗauka, 'yan wasa nawa ka saya. Wannan ya fi kowanne ƙanƙanta, kuma ya fi kowanne ciwo idan ya ɓata. Yawanci ba ya tare da jikin gem. Na San Andreas yana cikin Documents, a foldar GTA San Andreas User Files. Na PES shi ma yana Documents, a foldar KONAMI. Ita kuma Documents a cikin C take, ko da ka kai jikin gem ɗin D.

To ta yaya za a hana gem zuwa C? Lokacin saka shi ne ake yin wannan. Yawancinmu da zarar setof ya buɗe sai Next, Next, Next, kamar ana kora mu. Amma a tsakiya akwai shafin da ke tambayar inda za a ajiye, da maɓallin Browse ko Change a gefe. Tsaya a nan. Tun kafin ka fara, ka buɗe folda a D ka sa mata suna, misali Wasanni, sai ka nuna masa ita. Minti ɗaya bai cika ba, kuma duk gem ɗinka sun taru wuri ɗaya, ka san nauyinsu idan ka duba Properties.

Idan an riga an saka shi a C fa? A nan mutane suke yanke foldar su manna a D. Wasu tsofaffin gem, irin su Vice City da San Andreas, ba su damu ba, za su tashi daga duk inda ka kai su, sai dai ka yi musu sabon shotkot. Amma da yawa ba haka suke ba. Windows yana da rajista, kamar rajistar aji, inda yake rubuta sunan manhaja da wurin zamanta. Idan ka ɗauke ta ba ka faɗa masa ba, ya kira suna ba a amsa ba. PES ma idan bai ga sunansa a rajistar ba, cewa yake ba a saka shi ba sam. Hanyar da ta fi tsafta ita ce ka kwafe sebin ɗinka, ka cire gem ɗin ta Control Panel, wurin Programs and Features, sannan ka sake saka shi a D. Masu sayen gem ta manhajar Steam, wadda kamfanin Valve na Amurka ya buɗe a 2003, suna da sauƙi, domin a cikin saitinta akwai wurin Storage da maɓallin Move mai yi musu ƙaurar da kansa. A nan wajenmu ba su da yawa.

Shawara ɗaya game da ƙaura: yi Copy, kada ka yi Cut. Babbar folda tana iya ɗaukar mintoci masu yawa, kuma kowa ya san wuta ba ta sallama kafin ta tafi. Idan ta ɗauke a tsakiyar Cut, rabin kayanka na nan, rabi na can. Sai ka gwada sabon ya tashi, sannan ka goge tsohon. Kuma ka tuna abin da ka jefa a Recycle Bin yana nan yana cin wuri har sai ka zubar da shi, sai dai in ya yi wa kwandon girma, a nan kwamfuta za ta tambaye ka ko ta goge shi gaba ɗaya.

A ƙasashen da intanet ke da arha, wanda gem ɗinsa ya lalace sauke wani yake yi. Mu kuwa wa zai sayi datar gig 8 domin ƙwallo, balle ɗan Riruwai ko wani ƙauyen bayan dajin Falgore da sai ya nemi inda sabis yake? Gem ɗinmu a filash yake zuwa, daga shago ko daga aboki. Saboda haka setof a wajenmu kamar iri yake a wajen manomi, ba a cinye shi. A ajiye shi a D ko a wani filash. Abin da ba shi da kyau shi ne a bar shi a fuskar kwamfuta ko a Downloads bayan an gama sakawa, domin duka biyun a C suke, gem ɗaya ya ci wuri sau biyu ke nan.

Wani lokaci filash mai gig 16 da babu komai a ciki zai ƙi karɓar fayil mai gig 5, ya ce ya yi girma. Ba lalacewa ya yi ba. An tsara shi ne a tsarin FAT32, wanda ba ya karɓar fayil ɗaya da ya wuce gig 4. Idan aka yi masa fomatin zuwa NTFS ko exFAT zai karɓa, amma fomatin yana share duk abin da ke ciki, a kwashe tukuna. Sannan filash da ya zaga shaguna yakan dawo da bairos, musamman wanda ke ɓoye foldodinka ya bar shotkot a madadinsu. Idan ka buɗe filash ka ga foldodi masu ƙaramar kibiya, kada ka danna su, ka nemi wanda ya sani.

Duk wannan na kwamfutar gida ne. Ta makaranta kuwa ra'ayinmu a fili yake: ba wurin gem ba ce, ko C ko D. Tun 2015 hukumar JAMB ta mayar da jarrabawarta gaba ɗaya ta kwamfuta. Yayyenmu na babbar sakandare da yawa ba su da kwamfuta a gida, a irin wannan ɗakin suke fara riƙe maus, kuma mu ma nan da 'yan shekaru layin zai zo kanmu. Kwamfutocin ba su kai yawan ɗalibai ba, mutum uku ko huɗu ke zama a kan ɗaya, ga lokacin wuta ƙalilan. Idan guda ta cika ta yi nauyi, ko bairos ya shige ta, rukunin da ke kanta sun rasa darasin ranar. Idan kuma abin ya yi yawa, mun san yadda ake ƙarewa: a sa kwaɗo a ƙofa, wanda ya buga da wanda bai buga ba duk su koma zana kwamfuta a littafi.

Muna da roƙo ga malamanmu, da girmamawa. Windows yana ba da dama a buɗe asusu iri biyu. Na Administrator shi ke da ikon saka manhaja a Program Files, na Standard kuwa sai ya nemi lambar sirri. Idan malam ya riƙe na farko, ɗalibai suka shiga da na biyu, yawancin setof ba za su wuce ba. Ba zai hana gem da ke tashi kai tsaye daga filash ba, wannan sai ido, amma zai rage lodin C sosai. Kuma duba layin C sau ɗaya a mako ya fi duba fuskar kwamfuta, tunda mun riga mun faɗi yadda shotkot ke ɓacewa.

Saura maganar mai gyara. Idan laftof ta rikice aka kai shago, maganin da aka fi bayarwa shi ne fomatin da sabon Windows. Wannan yana share C duka, har da Documents, wato har da sebin ɗinka da takardun yayanka na makaranta. Kafin ka miƙa ta, kwafe Documents zuwa D, kuma ka faɗa masa da bakinka: “Oga, don Allah C kaɗai, kada a taɓa D.” Bayan an dawo da ita, wasu gem ɗin da ke D sai an sake saka su saboda rajistar sabuwa ce, a nan irin da ka ajiye zai yi amfani. Sai dai a yawancin laftof, C da D had-disk ɗaya ne aka raba biyu, kamar ɗaki ɗaya da aka ja wa katanga a tsakiya. Idan had-disk ɗin ya mutu, tare suke tafiya. Sebin ɗin San Andreas guda bai kai megabayit ɗaya ba, saboda haka ko tsohon memorin waya ya isa ya riƙe maka kwafinsa.