Brakhage da Warhol: Mai Aiki da Hannu da Mai Naɗe Hannu

A farkon shekarun 1960, mutum biyu a Amurka sun juya wa salon Hollywood baya, suka yi finafinan da babu labari, babu jarumi, babu ko sauti. A nan kaɗai suka haɗu. Daga nan sai hanyoyinsu suka yi hannun riga.

Stan Brakhage, wanda ya yi yawancin rayuwarsa a jihar Kolorado, ya yi Mothlight a 1963 ba tare da ya taɓa kyamara ba. Fukafukan matattun faɗa-wuta ya tattara, da ganyaye da ciyayi, ya jera su tsakanin zirin salatif biyu, sannan aka juye su a kan fim mai faɗin milimita 16. Idan majigi ya haska, sai jijiyoyin fiffike da gefen ganye su riƙa gilmawa kamar walƙiya. Kafin ido ya tantance ɗaya, goma sun wuce. Duka-duka fim ɗin kusan minti huɗu ne.

Shi kuwa Andy Warhol, a daren 25 ga Yuli 1964, shi da abokin aikinsa Jonas Mekas suka kafa kyamara a hawa na 41 na ginin Time-Life da ke New York, suka saita ta kan dogon benen Empire State, ba su ƙara motsa ta ba har bayan ƙarfe biyu na dare. An ɗauka da hoto 24 a daƙiƙa, amma Warhol ya sa a riƙa haskawa da 16, sai fim ɗin Empire ya kai awa takwas da minti biyar. Babban abin da ke faruwa a ciki shi ne duhu ya shigo, fitilun benen su kama.

Brakhage yana so mai kallo ya ga abu tun kafin ya laƙaba masa suna, shi ya sa yake hana ido sukuni. Har zane da karce yakan yi a jikin fim, kowane hoto da shaidar yatsunsa. Warhol ya janye hannunsa gaba ɗaya, ya bar na'ura da lokaci su yi aikin. Wanda ya jure zama sai ya koma lura da ƙwayoyin hoton, da tarin maƙwabcinsa, da gajiyar kansa.

To wanne ya fi? Dabarar Warhol tana da ƙarfi, sai dai ana iya bayyana ta a jimla guda, kuma da yawa daga masu yabon Empire ba su kalle shi har ƙarshe ba. Mothlight kuwa bayani ba ya maye gurbinsa. Duk yadda aka kwatanta maka, sai ka zauna gaban majigi za ka san abin da yake yi wa ido. Tunda fim don kallo ake yin sa, Brakhage ne ya fi cika sharaɗin sana'ar.